Yadda Doka Ta Sa Ni Gaban Maigidana

Kamfanin da na yi wa aiki alewar riɗi yake yi, wadda Larabawa ke kira ɗahaniyya, da man riɗi a jarka. Yana unguwar masana'antu ta Omdurman, ni kuwa gidanmu na unguwar Hajj Yusuf, don haka kullum sai na canja mota na tsallaka kogi kafin in isa bakin aiki. Wannan duk kafin yaƙi ne, lokacin da layin burodi da ɗaukewar wuta su ne manyan matsalolinmu, muna ganin babu wanda ya kai mu shan wuya a duniya.

Baffana ne ya samo mini aikin. Ƙanen mahaifina ne, ya shiga kamfanin tun bai yi aure ba, yana kula da injin matse riɗi har ƙarar injin ta kashe masa kunne ɗaya. Ni sashen zubi aka kai ni. Mu mata ne zalla a gaban wani dogon tebur, muna zuba alewa a robobi, mu rufe, mu manna takarda, bakinmu kuma ba ya hutawa. Ƙamshin riɗi ya kama jikinmu ya ƙi saki. In na shiga mota da yamma, yaran mutane sai su matso suna shinshina mayafina.

Mai kamfanin wani Alhaji ne, dattijo mai rawani kamar tayar babbar mota. Bai taɓa kiranmu ma'aikata ba, sai dai "'ya'yana". Ya jera randunan ruwan sanyi a bakin ƙofa don masu wucewa, in azumi ya zo ya raba mana sukari da dabino, ya tsaya yana kallo muna godiya. Kowane ƙarshen wata kuma akwai abin da ake yankewa daga albashinmu, wai shi tamin. Kuɗin tsufa ke nan: ma'aikaci ya ba da nasa, kamfani ya ɗora nasa a kai, a kai asusun gwamnati a ajiye, ranar da ƙarfi ya ƙare a riƙa ba mutum fansho. Ni haushin yankan nan nake ji, don a lokacin tsufa a wurina labari ne na wasu mutane. Baffa kuwa son tamin yake kamar ya goya shi.

"Ke 'yar nan, kuɗin da ba kya gani ɗin nan shi ne ɗanki na gaskiya," in ji shi. "'Ya'yan cikinki za su tafi Saudiyya su riƙa aiko miki da gaisuwa. Wannan kuwa duk wata sai ya zo ya durƙusa."

Ya riga ya tsara yadda zai ci tsufansa: tabarma a ƙofar gida, shayi, da alkawarin ba zai sake kusantar wani abu mai ƙara ba har ya koma ga Allah.

A kamfanin nan kuma na samu miji. Shago gare shi a Kasuwar Libiya ta nan Omdurman, yana sayar da kayan roba, bokitai da kujeru da kwanuka, shi ne kuma mai kawo mana robobin da muke zuba alewa. Na fara lura da shi ne don ya cika tsayawa a sashenmu yana ƙirga robobin da an riga an ƙirga. Shi ma Bahaushe ne irinmu, jikan alhazan da suka taso daga ƙasar Hausa da niyyar Makka, Sudan ta riƙe musu riga. Bayan aure ban bar aiki ba, shi ma bai bar kai kaya ba, sai dai bai taɓa bari na manta bambancin da ke tsakaninmu ba.

"Ke ma'aikaciyarsu ce, ni abokin cinikinsu ne," haka yake cewa in ya ƙoshi. "Ni in na je, ofis ake shigar da ni. Alhaji da hannunsa yake zuba mini gahawa."

Gahawar nan ce ta sa yake ba su kaya bashi, su biya na baya su ɗauki na gaba, shekara da shekaru.

Abin ya fara lalacewa ne da Alhaji ya tafi Masar neman maganin ƙafa, ya bar kamfani a hannun 'ya'yansa biyu. Babban motoci yake so, ƙaramin kuma surutu. Riɗi ya yi tsada, wuta ta zama baƙuwa, albashi ya fara makara. Daga nan aka fara biyanmu rabi kuɗi rabi alewa. Na yi ta jido robobin ɗahaniyya zuwa gida, yara suka ci da burodi safe da yamma, har ranar da autata ta ga na shigo da leda ta fashe da kuka tun ba ta ga abin da ke ciki ba. Maƙwabta ma da suka fara da godiya suka koma rufe ƙofa in sun hango ni.

Wata safiya muka iso muka tarar da ƙofar kamfani a garƙame, an ɗiga jan kaki a kan kwaɗon, an manna takardar kotu. Kamfani ya karye. Muka tsaya cirko-cirko a rana, muka shanye ruwan randunan Alhaji, muka watse.

Baffa bai tayar da hankalinsa ba, don shekarunsa sun kusa cika. Ya ce dama hutu yake nema, ga shi Allah ya kawo. Ya sa aka goge masa farar jallabiya, ya ce in raka shi ofishin tamin a fara shirya masa takardun fansho, tunda ni na fi shi jin magana in an yi ta a hankali. Ma'aikacin da muka samu ya daɗe yana danna na'ura, sannan ya ɗago ya ce kamfaninmu ya yi shekaru bai zuba ko ƙwandala ba.

Na ce, "Amma ai duk wata ana yanka."

Ya ce, "Ana yanka, ba a kawowa."

"To ina kuɗin suka tafi?"

"Wannan sai ki tambayi mai wuƙar."

Baffa ya dube ni, ya dubi mutumin, sai ya juya masa ɗaya kunnen, mataccen, ya ce, "Ɗana, sake faɗa a nan. Wancan kunnen ya fara jiyo mini shirme."

Na yi dariya a wurin, don ba yadda zan yi. Muka kamo hanyar gida. Da muka zo kan gada, Baffa ya zura wa ruwa ido har muka tsallake. Tun ina yarinya ban taɓa ganinsa haka ba.

Kotu ta naɗa wanda zai sayar da abin da kamfani ya bari ya raba wa masu bin bashi. Musaffi ake ce wa mai wannan aiki. Namu wani siririn mutum ne mai ciwon ciki, ofishinsa na unguwar Alsahafa a saman wani kantin magani, kullum da kofin hulba a gabansa. Da kansa ya ce mana shi mai wankan gawa ne, sai dai gawar kamfanoni yake wankewa, kuma bai taɓa ganin wadda magadanta suka gode masa ba.

Ya kira taron duk masu bin bashi a harabar kamfanin. Aka kafa rumfa aka jera kujeru, ka rantse zaman makoki ne, ba abin da ya rage sai a ɗaga hannu a yi fatiha. A sahun gaba ga mutumin banki cikin kwat, yana gumi yana daurewa. Ga wani dillalin riɗi da ya taso tun daga garin Gadarif, ƙato, yana fifita da takardun bashinsa. Ga masu kaya iri-iri, cikinsu har da maigidana, ya sha sabuwar jallabiya da turare, ya zauna kusa da mutumin banki kamar tare suka zo. Mu ma'aikata muna can baya, wasu a tsaye, wasu a kan buhunan da babu komai a ciki.

Musaffi ya kurɓi hulba ya ce zai faɗi yadda doka ta jera mutane, kuma kada wanda ya zage shi, don ba shi ya jera ba. Ni ba lauya ba ce, abin da na riƙe shi zan faɗa. Ya ce farko kuɗin kotu da ladan wanda ke aikin rabon, wato shi. Kowa ya yi dariya ban da shi. Ya ce daga nan sai masu fifiko: haƙƙin ma'aikata da kuɗin tamin da aka yanke ba a kai ba, da abin da hukuma ke bi. Waɗannan sai an sallame su kafin a waiwayi sauran.

Mutumin banki ya miƙe ya gyara kwat ya ce su ba sa cikin wannan lissafi, don injinan nan jingina suke a hannunsu tun kafin a fara wannan magana. Musaffi ya ce wannan zance ne na gaban alƙali, a can za su haɗu.

Sai ga hannun maigidana a sama.

"Ustaz, mu fa da muka ba da kaya?"

"Ku ne gama-garin masu bin bashi. Ku jira abin da ya rage."

"In bai rage ba fa?"

"Sai ku jira Allah."

Dillalin Gadarif ya tashi ya fara zagi, ya faro daga 'ya'yan Alhaji ya gangaro har kan wanda ya ƙirƙiro kotu. Matan sashenmu kuwa ɗaya ta rangaɗa guɗa, sauran suka amsa. Wata ta zungure ni ta ce, "Ke, kin ji? Yau kin wuce mai gahawa." Na ce ta rufa mini asiri, gida ɗaya za mu koma.

A mota maigidana ya juya mini ƙeya. Da yaron mota ya zo karɓar kuɗi, sai ya nuna ni da haɓa ya ce, "Karɓa a wurinta, ita ce mai fifiko."

Kafin magariba labari ya kai kunnen surukata, wadda ke zaune tare da mu a ɗakin da ke bakin zaure. Ta kira ni, ta sa na zauna a gabanta kamar na yi sata.

"Wace irin doka ce wannan da za ta sa mace gaban mijinta? Ko a salla ai a baya kike tsayawa."

Na ce, "Hajiya, wallahi ba ni na rubuta ba."

"Ba ke kika rubuta ba, amma an ce kin yi guɗa."

"Ba ni ba ce, ta kusa da ni ce."

"To ki je ki ce musu kin bar wa mijinki wurinki."

Na yi mata bayani cewa ba kujerar mota ba ce da zan tashi in ba shi. Ta ce ita dai a zamaninsu ba a haka. Ban ce mata a zamaninsu babu kamfanin alewa ba, don ina son zaman lafiya.

Shi kuwa maigida, da fushin ya ɗan sauka sai ya koma lissafi. Ya ce ai duk ɗaya ne, abin da ya shigo ta hannuna gidan nan ya shigo. Sai da na warware masa cewa kuɗin tamin ba a hannuna za a danƙa su ba, asusu za a mayar da su, ni kuma sai na tsufa zan gan su, in da rai. Abin da zan riƙe da hannu bai wuce ragowar albashina da ɗan haƙƙin sallama ba.

Sai ya ce, "Wato duk wannan gaban da kika shiga, gaban banza ne?"

Na ce, "Gaba dai gaba ne, Malam."

Mun yi ta wannan musu kwana da kwanaki, wani lokaci da wasa, wani lokaci har murya ta tashi. Shi yana cewa shi ma guminsa ne, robobin nan ba daga sama suka faɗo ba, bashi ya ɗauko su a wurin masu yin roba, kuma su ba su san wani musaffi ba, shi suka sani. Ni ina cewa shi da ƙafarsa ya je, ya duba ya ga riba, ya ba da bashi yana murmushi. Mu fa? Wa ya taɓa tambayar Baffa ko ya yarda ya ranta wa 'ya'yan Alhaji kuɗin tsufansa su sayi mota? Namu ba bashi ba ne, amana ce aka ɗauka daga aljihunmu aka ce za a kai wani wuri, aka karkata da ita a hanya. Ya ce wannan gaskiya ne, amma gaskiya ba ta biyan masu roba. Ni ma kuwa na ga yadda ya fara ramewa. Mutumin da ba ya barin loma a kwano ya koma tsakurar abinci. Ya sayar da wata raksha, babur mai ƙafa uku, da yake bayarwa haya, ya rage wani sashe na bashin, ni kuma na ba shi awarwaron zinariyar aurena ba tare da Hajiya ta sani ba, don da ta sani da ta ce dama nasa ne.

Matsi ne ya kai shi ga dabarar da har yau in na tuna sai na yi dariya. Musaffi ya sanar cewa duk ma'aikacin da ke da haƙƙi ya kai sunansa. Tun da mutane suka ji ma'aikata ne a gaba, sai kamfaninmu ya wayi gari da ma'aikatan da bai taɓa samu ba ko a zamanin da yake tashe. Direban gidan Alhaji, mai dafa musu abinci, 'ya'yan 'yan'uwa, surukai, har wani da aka ce yana Dubai tun kafin a ɗauke ni aiki, kowa ya zama tsohon ma'aikaci. Maigidana ya ji wannan, ya zo ya zauna kusa da ni yana tausasa murya.

"Maman yara, ai kin sha ganina ina sauke kaya a kamfanin nan."

"Kayanka kake saukewa."

"To ai aiki ne. In aka tambaye ki, ki ce kin san ni a wurin. Ƙarya kika yi?"

Na ce, "Malam, kada ka sa ni a wannan. Duk wanda ya cusa kansa, daga rabon su Baffa za a yanka masa."

Ya ce shi ɗan kaɗan zai cusa. Na ce babu ruwana. Na ɗauka maganar ta mutu a nan.

Musaffi da ya ga sunaye sun yi yawa, takardun kamfanin kuma a hargitse, sai ya ce kowa ya zo da kansa, a tsayar da shi gaban waɗanda aka tabbatar ma'aikata ne, su faɗa ko sun san shi. Aka sake haɗuwa a haraba. Ranar matan sashenmu suka ci kasuwarsu. Duk wanda aka fito da shi, kafin musaffi ya buɗe baki sun yanke hukunci. Wani saurayi mai laushin hannu ya ce shi a sashen inji yake. Baffa ya ce, "Madalla, ashe kai ne nake ta nema ka riƙe mini tsani." Mai dafa abincin gidan Alhaji kuwa muka ce mun san shi, don ya fi kowa shan wahalar mutanen gidan, amma musaffi ya ce tausayi daban, takarda daban.

Ina cikin dariya sai na ga wani ya fito daga bayan rumfa cikin shuɗin kayan aiki da suka yi masa kaɗan, tumbi na neman tsinka maɓalli. Maigidana ne. Ko a ina ya aro su, har yau bai faɗa mini ba. Duk matan suka juyo suna kallona. Musaffi ya bi idonsu ya gano ni.

"Hajiya, kin san wannan?"

Na ce, "Na san shi, Ustaz. Mijina ne."

"Ma'aikaci ne?"

Wallahi ban shirya amsar ba, fitowa kawai ta yi. Na ce, "Ustaz, ko a gida ma sai an yi da gaske."

Harabar ta kece. Dillalin Gadarif, wanda ya zo kallo don ba shi da abin yi, ya yi dariya har rawaninsa ya warware. Musaffi kansa sai da ya sunkuyar da kai cikin kofin hulba. Maigidana ya juya ya fita, wando na ɗage masa a ƙwauri.

Ya yi mini yaji irin na maza: ya daina cin abincina, ya koma cin na mahaifiyarsa. Sai dai Hajiya tana fama da hawan jini, girkinta babu gishiri babu mai. Bai jima ba na ga ya dawo yana leƙa tukunyata, yana tambayar yara ko sun ci sun rage. Na zuba masa. Yana ci ya ce, "Da kin ce ba ki sani ba ma ai ya isa." Na ce ya yi haƙuri, bakin ne ya riga ni. Ya ce ya san bakin, ai da shi ya aure ni.

Daga nan sai jira. Aka yi gwanjon motocin kamfani da janareta da kujerun ofis da sauran jarkokin mai. Banki da musaffi suka shiga kotu kan injina, yau a ɗaga, gobe alƙali ya tafi hutu, jibi lauyan banki ya yi rashi. Muna jira, kuɗin ƙasar na narkewa kamar ƙanƙara a rana. Abin da muke bi ba ya ƙaruwa, kayan kasuwa kuwa kullum da sabon farashi. Ni na samu aikin wanke-wanke a wata makaranta. Baffa ya koma zaman ƙofar gida kamar yadda ya tsara, sai dai ba shayin, kuma duk wanda ya wuce sai ya tambaye shi ko ya ji wani labari daga Alsahafa.

A ƙarshe banki ya tafi da kuɗin injinansa. Abin da aka samu daga sauran kaya, bayan kotu da musaffi sun cire nasu, ya isa aka biya bashin tamin, aka ba mu wani abu daga haƙƙinmu. Nawa na sayo buhun gawayi da takalman makaranta, ya ƙare. Amma sunan Baffa ya fito a masu fansho, shekarunsa suka cika cif, babu giɓi. Ranar da ya fara karɓa ya ce duk gidan mu shirya, zai kai mu cin gasasshen nama a Omdurman. Muka je, ya tambayi farashi, ya sa aka maimaita masa a kunne mai ji, sannan ya ce ai likitoci sun ce nama ba shi da kyau ga manya. Muka ci wake da man riɗi a shagon da ke kusa. Shi ya biya, kuma bai bar kowa ya taɓa aljihu ba. Na daɗe ban ga mutum ya ƙirga canji da irin wannan izza ba.

Gama-garin masu bin bashi kuwa, abin da ya rage musu ko kuɗin motar zuwa karɓa bai kai ba. Maigidana dai ya fi wasu sa'a, don an samu tarin robobinsa a sito ba a taɓa su ba, musaffi ya ce ya kwashe a bakin wani abu daga bashinsa. Matsalar ita ce duk an buga musu sunan mataccen kamfani, babu mai saye. Suka cika mana tsakar gida. Muka zuba gishiri a wasu, barkono a wasu, Hajiya ta shuka na'ana'a a wasu, duk wadda ta zo barka ko gaisuwa sai ta tafi da guda biyar ko tana so ko ba ta so.

Bayan wani lokaci Alhaji ya rasu a Masar, aka kawo gawarsa gida. Muka je gaisuwa, don mutuwa ta wuce fushi, kuma mun ci sukarinsa. Ni ina cikin gida wurin mata, abin da ya faru a rumfar maza daga bakin maigida da Baffa na ji shi, kowa da yadda ya ƙawata nasa. Sun ce rumfar ta cika da fuskokin da aka sani: ga masu kaya, ga dillalin Gadarif, ga ma'aikata, har musaffi ya zo ya zauna a gefe. Sai babban ɗan marigayi ya miƙe, kamar yadda aka saba, ya ce duk wanda ke bin mahaifinsu bashi ya yi wa Allah ya fito ya faɗa, ko ya yafe. Aka ce rumfar ta yi shiru irin wanda in mutum ɗaya ya yi tari kowa zai fashe. Mutane suka duƙar da kai suna cizon leɓe.

Maigidana ne ya fara tashi. Ya gyara murya ya ce shi marigayi uba ne a wurinsa, kuma duk abin da yake bi ya yafe duniya da lahira. Aka yi ta sa masa albarka, wani dattijo ya rungume shi. Dillalin Gadarif ya ga haka, shi ma ya tashi ya yafe, yana huci kamar ana zare masa haƙori.

Baffa bai ji abin da ake cewa ba, sai da na kusa da shi ya faɗa masa a kunne. Ya ce, da muryar nan tasa ta kurame da ake ji har titi, "Ni na yafe wa Alhaji, ya zauna da mu lafiya. Su waɗannan biyun kuwa ai ba su mutu ba tukuna, in sun mutu a tambaye ni."

A hanyar komawa maigida sai fara'a yake, yana ba ni labarin yadda manyan Omdurman suka yi ta miƙo masa hannu. Na ce, "Malam, ai abin da ka yafe ɗin dama ba samunsa za ka yi ba."

Ya ce, "Na sani. Amma su ba su sani ba, lada kuma ba a fasa rubutawa."

Baffa yana kujerar gaba, ya juyo ya tambaye mu me muke cewa. Muka ce ba komai. Ya ce to a tsaya a kasuwa, shayinsa ya ƙare.